Sinima da mazan jiya: ina rabon Ƙonni?

A lokacin yaƙin duniya na farko, dubban ƴan ƙabilun Cek da Silobak sun ɗauki bindiga a Rasha, Faransa da Italiya domin ƙwato ƙasarsu daga daular Ostiriya da Hangari. A 1918 suka sami ƙasar Cekosulobakiya. Ba su jima ba suka sa waɗannan sojoji cikin sinima, har aka yi fim guda a 1938 a kan gumurzun Zborov na 1917, don yara su san wanda ya sha wuya kafin a kafa tuta.

Mu ma namu sun yi yaƙi a ƙetare, amma don tutar Faransa. Marigayi Umaru Ganda yana cikinsu: ya yi soja a Indoshin, ya komo, ya yi fim mai suna Cabascabo a ƙarshen shekarun 1960. Babu kirari a ciki. Tsohon soja ne ya dawo Yamai da ɗan kuɗin sallama, abokan cin mushe suka kewaye shi har aljihu ya bushe, ya ɗauki gatari ya nufi daji. Duk wanda ya taɓa ganin ɗan mazan jiya yana jiran fansho ya san Ganda bai ƙara gishiri ba.

To, waɗanda suka mutu a ƙofar gidansu fa? A watan Afrilu na 1899 Sarauniya Mangu ta tari rundunar Voulet da Chanoine a Lugu. Abdullahi Mamani ya rubuta littafi a kanta a 1980, Med Hondo ɗan Muritaniya ya mai da shi fim a 1986, ya ci babbar kyautar FESPACO a 1987. Abin takaici, a Burkina Faso aka ɗauke shi, ba a ƙasar Arewa ba.

Wata guda bayan Lugu, rundunar nan ta faɗa wa Birnin Ƙonni, ta karkashe jama'a, ta ƙone gari. A gidajen Ƙonni har yau jikoki na ba da labarin da baki, kuma tsofaffin da suka ji shi daga waɗanda suka gani suna ta ƙarewa.

Ƴan kasuwarmu da ke jigilar albasar Galmi da simintin Malbaza ba su rasa abin sayen kyamara. Malaman makarantu na Ƙonni da Illela kuwa su fara bin gida gida suna naɗar muryoyin dattawa, ko da wayar hannu ce, kafin a zo maganar ƴan wasa.