Raddi Ga Masu Cewa Daji Ba Ya Son Ƙarfe

Akwai wata magana da ta daɗe tana yawo a ƙasar Hausa, har ta sami gindin zama a zukatan jahilai da masu ilimi baki ɗaya, wai ciwon daji ba ya son ƙarfe, wai da zarar allura ko wuƙar likita ta taɓa shi sai ya fusata ya watsu cikin jiki, ya kai mai shi kabari tun ba a je ko'ina ba. Ana faɗinta a zaure da kasuwa da bakin gadon majiyyaci da irin yaƙinin da ake faɗin hukuncin da ya zo da nassi, alhali kuwa ba ta da isnadi, ba ta da shaida, kuma in aka ɗora ta bisa mizanin hankali ba ta rinjayar komai. A ganina babu inda ta fi ɓarna kamar a dajin dubura, wato ƙarshen babban hanji inda bayan gida ke taruwa kafin ya fita, domin a nan ne ta gamu da kunya da tsoron najasa, suka haɗa kai suka tare wa majiyyaci ƙofar asibiti.

Dubi yadda al'amarin yakan gudana. Mutum ya fara ganin jini a bayan gida, wani lokaci da majina, yana jin yunƙuri amma in ya tsuguna ba ya jin ya gama; sai ya gaya wa amininsa a asirce, aminin kuwa ya yanke masa hukunci nan take cewa basir ne, ko atini, tun da a wurinmu duk abin da ya taɓa wannan wuri basir ne. Daga nan sai tasha, wurin mai mota da lasifika da jerin kwalabe na jiƙo, wanda ke rantsuwa cewa kwalba guda tana maganin basir mai tsiro da mai jini da ciwon baya da sanyi. A sha wata da watanni, ana canza mai magani, jiki yana ramewa, ido yana fari, har ran da hanji ya toshe, ciki ya kumbura, aka ɗauko shi ranga-ranga zuwa asibiti. Likitan fiɗa ya buɗe ya tarar cutar ta riga ta kai hanta, ya yi abin da zai iya don ya sauƙaƙa masa azaba, bayan 'yan makonni rai ya yi halinsa. A wurin zaman makoki sai wani dattijo ya girgiza kai ya ce ai dama an faɗa, da ba su bari an taɓa shi ba. To, ina adalci a nan? An ɗauki laifin shekara guda ta jinkiri an jibga wa wanda ya zo a sa'ar ƙarshe, an mai da abin da ya biyo baya ya zama sababi, wanda kuwa ko ɗalibin da ya fara karatun manɗiƙi jiya ya san wannan ƙiyasi ɓatacce ne.

Abin da ya ƙara wa maganar ƙarfi shi ne waɗanda aka yi wa aiki suka warke ba sa magana. Wanda aka cire wa yankin dubura ya koma kasuwarsa ko gonarsa ba zai tashi a majalisa ya ba da labarin wurin da aka yanka ba; iyalinsa ma sai su ce aikin ciki aka yi masa, su ja bakinsu. Saboda haka jama'a matattu kaɗai suke ƙidayawa. A ƙasashen da ake rubuta kowane majiyyaci a littafi, irin su Amurka, lissafin ya nuna cewa cikin mutum 100 da aka gano dajinsu bai fita daga bangon dubura ba, kimanin 90 suna raye bayan shekara 5, amma waɗanda cutar ta kai musu hanta ko huhu ba su kai 20 ba. Cutar ɗaya ce, wuƙar ma ɗaya ce. Lokacin zuwa ne ya bambanta.

Ba zan hana wa abokan jayayyata ɗan abin da suke da shi na gaskiya ba. Haƙiƙa yankan da bai cika ba yana da sharri, kuma wanda ya kai ƙarin daji wurin wanzami aka tsaga, ko wurin mai ƙona basir aka zuba masa magani mai ci, ya jawo wa kansa musiba. Amma wannan ba sabon ilimi ba ne, kuma ba hujja ba ce a kan fiɗa. Hujja ce a kan fiɗar wanda bai iya ba. Abul Ƙasim az-Zahrawi na Andalus, mai littafin Tasrif, wanda ya rasu wajen 1013, da Ibnu Sina mai Ƙanun, duk sun tafi a kan cewa daji in yana ƙarami, a wurin da hannu zai kai, sai a cire shi gaba ɗaya kada a bar saura, in kuwa ya tsufa ya yi jijiya to a ƙyale shi. Tarihin aikin dubura duka ƙoƙari ne na cika wannan sharaɗi. A 1908 Ernest Miles na birnin Landan ya bayyana aikin cire dubura da mafitarta da kaluluwar da ke kewaye, ta ciki da ta ƙasa, a bar wa mutum ƙofa a gefen ciki har abada, kuma cikin mutum 12 na farko 5 ba su tsira daga aikin ba, a zamanin da ba a san maganin kashe ƙwayoyin cuta ba. A 1948 Claude Dixon na asibitin Mayo a Amurka ya nuna cewa idan ƙarin yana sama ana iya yanke yankin da ya kamu a ɗinke hanji da abin da ya rage, mutum ya ci gaba da fita ta hanyar da Allah Ya halitta masa. Sa'an nan a 1982 Bill Heald na Basingstoke a Ingila ya gano inda ake kuskure: dubura tana naɗe cikin wani kitse mai ɗauke da jijiyoyi da kaluluwa, kitsen kuma yana cikin tantani siriri, kuma a cikin kitsen nan ne irin cutar ke ɓuya. Ya koya wa likitoci su bi bayan tantanin a hankali da kaifi, su ɗauke abin dunƙule kamar yadda ake ɗaukar huhun goro ba a kwance ba. Kafin wannan, cutar takan dawo a wurin ga mutum 20 zuwa 30 cikin 100. A hannunsa ta sauka ƙasa da 5. Da ƙarfe ne ke fusata daji, da wanda ya fi zurfafa yanka shi zai fi kowa binne mutane.

Wajibi ne kuma a faɗi ɗacin abin, don kada a ce mun yi talla irin ta mai lasifika. Aikin babba ne. Ɗinkin hanji yakan yi yoyo ga kimanin mutum 1 cikin 10, shi ya sa sau da yawa likita kan buɗe ƙofa ta wucin gadi a ciki, a manna jaka, bayan 'yan watanni a rufe. Da yawa daga waɗanda aka haɗa wa hanji suna fama da yawan zagayawa da matsuwa, musamman a shekarar farko, wasu mazan kuma ƙarfinsu na iyali yakan taɓu domin jijiyoyin wurin kusa suke. Wasu sai an fara yi musu gashi da haske da ƙarin ruwan maganin daji kafin aiki. Wanda kuma ƙarinsa ya kama tsokar da ke riƙe bayan gida, babu makawa jakarsa ta dindindin ce.

A kan jakar nan ne ake jin kalmar da ta fi baƙanta mini rai, mutum ya ce gara ya mutu da tsarkinsa da ya tsaya gaban Ubangiji ɗauke da najasa. Wannan tsantseni ne da bai san fiƙihu ba. Malamanmu na Malikiyya ba su bar mas'alar ba: Shehu Halilu, a cikin Muhtasar ɗin da ake karantawa a zaurukanmu, ya kawo hukuncin ƙofar da ta buɗe a ƙarƙashin tumbi alhali mafita ta toshe, ƙaruruwa kafin a haifi Miles, kuma babin salasi sananne ne, cewa abin da ke fita ba da ikon mutum ba, ya lizimce shi mafi yawan lokaci, ba ya warware alwala, abin da ya taɓa jikinsa da tufarsa kuma an yi masa afuwa saboda mashaƙƙa. Sahabi Imrana ɗan Husaini basir ya dame shi, aka yi masa rangwame ya yi salla a zaune ko a kishingiɗe, ba a ce ya bar ta ba. Ƙofar kanta ɗan tsiro ne ja kamar cikin baki, ba ta jin zafi, jakar tana manne da fata ƙarƙashin taguwa, mai ita ya zubar ya gyara kafin salla ya shiga sahu, na kusa da shi bai sani ba. Shari'ar da ta sa kiyaye rai cikin manyan maƙasudanta ba za ta nemi mutum ya zaɓi mutuwa a kan larurar da ta riga ta yafe ba.

Saura hujja guda wadda ita ce ta gaskiya, kuma ita ake ɓoyewa a bayan waɗancan: talauci. Kuɗin hoto da aiki da gashi sun fi ƙarfin talaka, injinan gashin ma kaɗan ne, mutum sai ya bar garinsu ya nufi Shika ko Sakkwato ko Yamai ya bi layi, jakar kuma saye ake yi kullum. Wannan kuka ne da ya kamata a kai gaban hukuma da masu fitar da zakka da babbar murya, kuma ba za a kai shi ba muddin muna lallashin kanmu da cewa aikin ma kisa yake yi. Matakin farko dai bai kai kuɗin kwalaben jiƙo ba: likita ya sa safar hannu ya duba da yatsa, cikin minti guda yakan taɓo ƙarin da ke ƙasa, in bai gamsu ba ya tura a leƙa da na'ura a ɗebi ɗan yanki a auna. Duk wanda ya ga jini ya wuce 'yan makonni, balle in ya haura shekara 40 ko yana ramewa, haƙƙinsa ne ya nemi a yi masa wannan dubawa, ma'aikacin lafiyar da ya rubuta masa maganin basir bai duba ba kuwa sai a tambaye shi da me ya san basir ne.