Lauya Ya Nema, Aka Rubuta Kare

A 2015, 'yan sandan birnin New Orleans a jihar Louisiana ta Amurka suna yi wa wani matashi baƙar fata tambayoyi, sai ya ce a ba shi lauya, ya ƙara da kalmar "dawg". A bakin matasan unguwanninsu ma'anarta "mutumina". A takarda aka rubuta "lawyer dog", babu waƙafi a tsakani, kuma aka ci gaba da tambayoyi ba lauya. A 2017 Kotun Ƙolin jihar ta ƙi sauraron kokensa, ɗaya daga cikin alƙalanta, Scott Crichton, ya rubuta cewa ambaton "lawyer dog" magana ce mai harshen damo. Masu kare hukuncin sun ce matashin ya gindaya sharaɗi a farkon zancensa, don haka buƙatar ba ta fito fili ba. Ko da haka ne, babu ɗan sandan da ya zaci kare ake nema.

Na kawo wannan ne saboda wata ɗabi'a ta 'yan bokonmu. Akwai lauyoyi da editoci da malaman jami'a da ke alfahari da rashin sanin Turancin titi, suna cewa maganar 'yan tasha ce. Wannan jahilci ne aka naɗa wa rawani. Wanda abincinsa ya dogara da fahimtar abin da mutane suka faɗa ba shi da hurumin zaɓar wanda zai fahimta.

Haɗarin yana cikin kalmomin da kunne ya saba da su. Baƙuwar kalma takan tura mutum ƙamus, sananniya kuwa wucewa take yi ba bincike. A Turancin matasa, "sick" da "wicked" yabo ne, "cap" ƙarya ce, "tea" tsegumi ne. Wanda ya kira Messi "GOAT" bai ce masa akuya ba, cewa ya yi ba a taɓa yin kamarsa ba. Mai fassarar da ya tsaya ga abin da aka koya masa a aji zai mayar da yabo zagi, ya buga shi kanun labari.

Abin ya taɓa kaiwa ga rai. A 1952, a Croydon ta Ingila, 'yan sanda suka shaida cewa Derek Bentley, ɗan shekara 19, ya ce wa abokinsa mai riƙe da bindiga "Let him have it". Jumlar tana ɗaukar "miƙa masa bindigar", tana kuma ɗaukar "harbe shi". An kashe ɗan sanda a daren, aka rataye Bentley a 1953. Sai a 1998 kotun ɗaukaka ƙara ta soke hukuncin, bayan shekara 45 yana kabari.

Za a ce irin wannan Turanci yau yana nan gobe ya shuɗe, wa zai iya bin sa? Gaskiya ne yana sauyawa, amma doka da magunguna ma suna sauyawa, ba mu taɓa yafe wa ƙwararre rashin bibiyarsu ba. Kuma mu Hausawa mun fi kowa sanin wannan dawa. "Shege" yabo ne a filin ƙwallo, "ƙwaro" gwani ne, "na goro" kuwa ba kullum yake nufin goro ba. Tafintan da ya juya waɗannan kalma da kalma a gaban alƙali zai iya wanke mai cin hanci ko ya ɗaure mai raha.

Sashe na 36 na Tsarin Mulkin 1999 ya ba wanda ake tuhuma haƙƙin samun tafinta kyauta idan bai fahimci harshen kotu ba. Haƙƙin ba shi da amfani idan tafintan Turancin littafi kaɗai ya iya, alhali saƙonnin WhatsApp da ake gabatarwa a matsayin shaida cike suke da Turancin titi da Pidgin.

Don haka makarantun lauyoyi da sassan koyar da aikin jarida su sa wannan a manhaja. Mai ɗaukar bayani ya rubuta maganar yadda aka faɗe ta, sannan ya tambayi mai ita abin da yake nufi, ya rubuta amsar a gefe. Edita kuma kada ya bari a fassara kalmar da ta yi kama da sananniya alhali ba ta dace da jumlar ba, sai an tambayi masu amfani da ita.