Ikoyi Da Nasarawa, Uwa Ɗaya Uba Ɗaya

Jama'a, duk wanda ya taɓa bin motar wake ko ta shanu zuwa Ikko ya ji sunan Ikoyi, ko da kuwa ƙafarsa ba ta taka can ba. Unguwa ce a bakin ruwa, mai inuwa da iska, inda kuɗin hayar gida ɗaya na shekara zai sayi gonakin ƙauye guda a ƙasar Minjibir. 'Ya'yanmu da ke tafiya cin rani sun san ta sarai, amma daga bakin ƙofa suka san ta, don su ne masu gadi, su ne masu wankin mota da ban ruwan furanni. In sun komo gida da damina sai su yi ta ba da labari, yara su buɗe baki. To, yau muna so mu ba da sauran labarin da ba a gani daga bakin ƙofa, domin Ikoyi tana da ƙanwa a nan Kano, kuma jikokinsu sun fara sallama a bakin gonakinmu.

Ikoyi ba daga sama ta faɗo ba. Kafin Turawa su sa mata ido, daji ce da gonaki da bukkokin masunta, ƙasar gidan sarautar Onikoyi. A zamanin Gwamna Makgirego, wanda ya riƙe Ikko daga 1899 zuwa 1904, aka haƙa wani kwarin ruwa da ya raba ta da tsibirin Ikko inda baƙar fata ke cunkushe. Bayan Yaƙin Duniya na Farko aka yanka ta filaye manya manya, aka gina wa ma'aikatan Turawa gidaje, kowane gida da lambunsa da ɗakunan boyi da kuku a baya. Har yau in ka karanta allunan tituna za ka ga Bourdillon, da Glover, da Cameron, da Lugard, sunayen gwamnoni ke nan. A gefenta kuwa aka bar Obalende, inda sojojin Hausawa da iyalansu suka zauna. Yarabawa na fassara sunan da cewa sarki ne ya koro ni nan. Ku duba dai, masu tsaron Bature ma ba a yarda su kwana unguwa ɗaya da shi ba.

Dalilin da suka bayar shi ne sauro. A 1897 wani likita Bature, Ronald Ross, ya gano cewa sauro ke ɗaukar zazzaɓi daga wani zuwa wani. Wannan gaskiya ce, ba mu musa ba. Amma maimakon a yi maganin sauron don kowa ya huta, sai aka ce jinin 'ya'yan baƙar fata shi ne rumbun ciwon, saboda haka a nisanta Bature da su. Gwamna Lugga ya sa abin a doka, Dokar Garuruwa ta 1917: a bar fili na yadi 440 babu gini tsakanin barikin Turawa da mazaunin 'yan ƙasa, kuma kada baƙin mutum ya zauna a cikin bariki sai in bara ne. Mu kam har yau muna mamakin wannan sauro mai biyayya, wanda ke tsayawa cak a yadi na 440, kuma ba ya cizon boyin da ke kwana taku ashirin daga gadon maigida!

Wannan doka ɗaya ita ta raini Nasarawa ta Kano. Da ma can Nasarawa gandun Sarki ne a gabas da ganuwa, da gidan shan iska a ciki, bayi ke nomawa. Da Turawa suka ci Kano a watan Fabrairu na 1903, a nan suka sauka, nan Razdan ya kafa ofis. A nan Ɗan Hausa ya buɗe makarantarsa a 1909, gidansa na ƙasa yana nan har gobe ana zuwa kallo. Soja suka zauna wajen Bompai. Jirgin ƙasa ya iso a 1911, kantunan Turawa suka jeru kusa da tasha, aka ware wa mutanen Kudu Sabon Gari, Kwarori suka sami nasu gefe, kowa da akurkinsa kamar kaji. Fili mafi kyau da iska shi aka keɓe wa masu mulki, aka dasa itatuwa a jere, aka yi kulob, da filin sukuwa, da filin ƙwallon doki, da na golf. Akwai ma titi a can mai suna Alu, sunan Sarkin da Turawan suka kama suka kai Lakwaja, inda ya rasu a 1926. Duniya ke nan.

Yanzu sai mu yi tambayar da ba a so: da kuɗin wa? Bature bai zo da jakar kuɗi daga Ingila don ya gina mana ƙasa ba, ƙa'idarsu ita ce kowace ƙasa ta ci da kanta. Kakanninmu na Ungogo da Dawakin Tofa da Gezawa da Minjibir su ne malaman taki suka bi gona gona suna aunawa, aka yanka musu haraji gwargwadon faɗin gona. Dagaci ya tara, Hakimi ya kai Baitulmali, Gwamnati ta ɗebi kasonta mai tsoka. Don a sami kuɗin harajin nan ne manomi ya rage gero ya ƙara gyaɗa. Gyaɗar ta taru dala dala a bakin tasha, jirgi ya ja ta zuwa Apapa, ta hau teku. Daga baya aka kafa Hukumar Ciniki, ita ke yanka farashi, ta saya a hannunmu da araha, ta sayar a Turai da tsada, ta riƙe rarar. Wanda ke sa hannu a takardun yana zaune a Nasarawa, ko Kaduna, ko Ikoyi, fanka na kaɗa masa. Wanda ya yi huɗa da noma da cira yana kwana a ɗakin kara, rijiyarsa gaba goma sha. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

Kada wani ya ce ai wannan tsohon zance ne, Turawa sun tafi. Sun tafi, amma ba su tafi da shingen ba. A 1947 wani otel a Ikko mai suna Bristol ya hana wani babban ma'aikacin Ofishin Mulkin Mallaka, Ivor Cummings, masauki don fatarsa baƙa ce. Gari ya ɗauki zafi, har Gwamna Richards ya ce a daina wariyar launi a wuraren jama'a. Sannu a hankali aka goge sunan unguwar Turawa, aka rubuta G.R.A., wato unguwar da Gwamnati ta keɓe. Da aka sami mulkin kai a 1960 sai manyan ma'aikata da ministoci suka kwashe kayansu suka shiga gidajen, boyi bai ko sauya ɗaki ba. Soja suka zo, suka yi mulkin ƙasar nan daga Barikin Dodan da ke Ikoyi har aka koma Abuja a 1991. A Kano kuma, da aka yi jiha a 1967, Gidan Gwamnati a Nasarawa ya zauna. Da can launin fata ake dubawa a ƙofa, yanzu aljihu ake dubawa. Ginin ma ya sauya hali: inda Bature ya yi shingen furanni, ɗan'uwanmu ya yi katanga gaba biyu da waya mai wuta a kai.

Ba hassada muke yi ba, kuma ba mu ce kowane mai gida a can ɓarawo ne ba. Akwai waɗanda guminsu ne, fatauci ne na halal, Allah ya ƙara musu. Abin da muke faɗa shi ne irin wannan unguwa ba ta ƙoshi, kullum tana neman ƙasa, kuma ƙasar da take ci ba ta maƙwabcinta mai kuɗi ba ce. Ku tambayi mutanen Maroko. Unguwar talakawa ce a bakin ruwa, daura da Ikoyi da tsibirin Biktoriya. A watan Yuli na 1990, tsakiyar damina, Gwamnan soja Raji Rasaki ya ba su kwana 7, sa'an nan aka sa motocin rusau. Mutum wajen 300,000 suka rasa matsuguni. An ce wai wurin yana ambaliya, ba shi da lafiya ga ɗan Adam. Da aka kore su sai aka cike shi da yashi, ya zama lafiyayye ga masu kuɗi. Ko ginin ma, in ya zo da tsautsayi, wa yake dannewa? Ranar 1 ga Nuwamba 2021 wani bene mai hawa 21 da ake ginawa a titin Gerrard na Ikoyi ya rufto, mutum fiye da 40 suka mutu, galibinsu leburori da magina masu neman na tuwo.

To, mu komo gida. Mu nan arewacin Kano ba mu da teku, ba mu da dajin da za a ce babu mai shi. Tun kaka da kakanni ƙasar nan a cike take, gona na jingine da gona, ba a barin saura ta huta, taki ne ke riƙe da ita. Jakunanmu ne ke kai itace birni su komo da mangalar taki. Kowace ɗorawa da kowace kuka da tsamiya tana da mai ita, har a rabon gado ana ƙirga ta. Abin da birni ya aiko mana da shi tun da daɗewa shi ne ruwan masana'antun Bompai, wanda ke bin Getsi ya faɗa Jakara, ya gangara har madatsar Wasai a ƙasar Minjibir, masu lambu na ban ruwa da shi don ba su da wani. Yanzu kuma birnin da kansa ya taso. Dattawan da ke raye sun san Rijiyar Zaki da Bachirawa da Kurna da Rimin Kebe suna gonaki, yau ko wurin ɗaure akuya babu. Hanyar Katsina gini ya wuce Dawanau. Hanyar Fanisau da ta Gezawa kowace safiya sai ka ga sabon turken siminti a tsakiyar kunya.

Hanya biyu ake bi a raba mu da gona. Ta farko ita ce doka. Tun 1910 Turawa suka rubuta cewa ƙasar Arewa duka tana hannun Gwamna, sai Dokar Filaye ta 1978, zamanin Janar Obasanjo, ta shimfiɗa wannan a Nijeriya baki ɗaya. Gwamnan jiha na iya ayyana wuri ya zama birni, yana iya karɓe fili in ya ce don amfanin jama'a ne. Diyyar da dokar ta sani ta shuka ce da itatuwa da gini, ba ta ƙasar kanta ba. Wato a biya ka kuɗin gero na damina ɗaya da ɗorawa biyu, a yanka gonar fuloti fuloti, kowane ɗaya ya fi abin da aka ba ka nesa ba kusa ba. Makaranta ko asibiti ko hanya, wannan mun ji, amfanin jama'a ne. Amma a karɓi gonar mutum goma a ba mutum ɗaya ya yi gidan shan iska, wace jama'a ce ta amfana?

Hanya ta biyu ta fi ciwo, don da hannunmu muke yi. Dillali ya zo da kuɗi a jaka, a yi awon igiya, babu hanya babu magudana, magada su raba kuɗin a zaure. Wannan ya sayi babur, wancan ya ƙara aure, shekara biyu babu babur babu gona. Mun san wani magidanci a wajen Ungogo, ba za mu faɗi sunansa ba, yau shi ke gadin gidan da aka gina a kan gonar ubansa, har yana nuna wa baƙi inda kukar gidansu take da. 'Yan kasuwa kuma kada su ce ba ruwansu. Geron da wake da gyaɗar da ake aunawa a Dawanau da Bichi da Dambatta daga gona suke fitowa, ba daga bene ba, kuma manomin da ya zama maigadi ba ya sayen turmin atamfa da kaka.

Saboda haka ga abin da muke kira a kai. Duk unguwar da aka ga safiyo ya shigo, kada kowa ya je shi kaɗai a bayan dare, a taru a je tare, da mai unguwa da dagaci, a nemi a ga takardar da ta ce me za a yi da filin. Kada wanda ya dangwala yatsa a takardar da ba a karanta masa da Hausa ba. Dokar 1978 ɗin nan da kanta ta ce in Ƙaramar Hukuma ta karɓi gonar da mutum ke nomawa, ta ba shi wata gonar, to a tuna musu, don ba za su tuna da kansu ba. In kuwa fuloti za a yanka don gidaje, masu gona su tsaya a kan a ba su kasonsu a cikin filin, da lamba da takarda, kafin a kafa turke na farko. A ƙirga itatuwa ɗaya ɗaya a gaban shaidu. Wakilan da muka zaɓa zuwa Majalisar Jiha kuma, muna jiran mu ji bakinsu a kan diyyar gonaki kafin su sake zuwa neman ƙuri'a. Wanda aka riga aka kafa wa turke a gona, ya kawo mana sunan ƙauyen da ranar da aka zo, za mu buga a wannan shafi mako mai zuwa in Allah ya kai mu.