Ɓoye Alamar Wasa a Manhajar Hira Rufin Asiri Ne

Manhajar hira ta Discord tana nuna wa abokan mutum sunan wasan da yake bugawa da tsawon lokacin da ya ɗauka a kansa, sai fa in ya kashe alamar da hannunsa. WhatsApp ma sai a 2022 ta ba da damar ɓoye cewa mutum yana kan layi. A ganina, wannan tsari ya saɓa wa tarbiyyar Bahaushe. Gidansa zaure gare shi: baƙo yakan tsaya ya yi sallama, maigida kuma shi ke da zaɓin fitowa ko aiko da uzuri.

A Runka, da ke ƙaramar hukumar Safana kusa da dajin Rugu, batun ya wuce na ladabi. A Satumbar 2021 an katse layukan waya a ƙananan hukumomi 13 na jihar Katsina, har da Safana da Batsari, don raba 'yan bindiga da masu kai musu rahoto. Inda labarin mutum ke iya zama silar sace shi, alamar da ke tona cewa yana da wayar da ke ɗaukar manyan wasanni tamkar shelar abin hannunsa ce.

Wasu na cewa ba mai ɓoye alama sai mara gaskiya. Amma Hausa ta bambance munafunci da rufin asiri. Ya rage wa manazarta harshe su raɗa wa waɗannan tsare-tsare sunaye daga kalmomin sirri, sutura da sallama, domin matashin Runka ya ɗauki kashe alamar kamar sakin labulen ɗakinsa.