Kwanon rufi: A tilasta rubuta nauyin tutiya a jikin kowane falle

Magidancin da ya shiga Kasuwar Dei-Dei a Abuja ko Ƙofar Ruwa a Kano don sayen kwanon rufi, abu biyu yake dubawa: kaurin falle da kuɗin bandir. Abin da zai yanke tsawon ran rufin kuwa ido ba ya iya auna shi, wato yawan tutiyar da aka lulluɓe ƙarfen da ita.

A masana'anta, ana ratsa shimfiɗaɗɗen ƙarfe ta cikin narkakkiyar tutiya mai zafin digiri 450 ko kusa da haka. Aikin wannan lulluɓi ya wuce tare ruwan sama. Idan ƙusa ta huda kwano, tutiyar da ke kewaye da hujin ce za ta riƙa cinyewa a madadin ƙarfen, sai ta ƙare sannan tsatsa ta samu shiga. Saboda haka idan aka rage ta da rabi, an rage kusan rabin shekarun da rufin zai yi bai yi ja ba. A Legas da Fatakwal, inda iska ke ɗauke da gishirin teku da hayaƙi, cinyewar ta fi sauri nesa da yadda take a Katsina.

Ma'aunin ba sirri ba ne. Alamar Z275, alal misali, tana nufin giram 275 na tutiya a kowace murabba'in mita, ciki da baya. Masana'anta na iya rage wannan adadi sosai, kwanon ya fito yana walƙiya tamkar mai kyau. Ga mai fenti abin ya fi muni, domin launi yana rufe komai.

Hukumar kula da ingancin kayayyaki ta SON tana da tsarin MANCAP ga kayan gida da SONCAP ga na waje, sai dai takardar shaida tana zama a ofis, mai saye kuwa yana kasuwa. Abin da ya dace shi ne a wajabta buga kauri, nauyin tutiya da sunan masana'anta a jikin kowane falle. Na'urar auna kaurin lulluɓi ta maganaɗisu ƙarama ce, ana riƙe ta a hannu, babu dalilin da zai hana jami'an hukumar zagayawa da ita shago-shago.

'Yan kasuwa za su ce talaka araha yake nema, kuma ba su yi ƙarya ba. To amma ba hana sayar da mai arahar ake nema ba. A bar shi a kasuwa da lambarsa a jiki, domin wanda ya tara kuɗin rufi shekara da shekaru, ko kwamitin makarantar da ke rufa ajujuwa, su san abin da suka biya kafin kafinta ya hau sama.