Bindiga a New York: Fara Duba Bizarka

Direbobin tasi da masu shaguna a Bronx kan ce, ai nan Amurka ce, kowa na iya sayen bindiga. Ban da birnin New York. Tun daga dokar Sullivan ta 1911 ƙaramar bindiga sai da lasisi, kuma 'yan sandan birnin ne ke bayarwa. Sai ka kai shekara 21, ka biya dala 340 na ƙaramar bindiga, ban da kuɗin ɗaukar zanen yatsu, sannan ka yi ta jira.

A 2022 Kotun Ƙoli ta soke sharaɗin kawo dalili na musamman ga mai son yawo da ita, sai jihar ta ɗora horon awa 18 da mutum huɗu masu shaidar halinka. Ko da lasisin, ba ka shiga jirgin ƙarƙashin ƙasa ko Times Square da ita.

Ɗalibai ne suka fi damuna. Dokar tarayya ta hana mai bizar karatu ko ta ziyara riƙe bindiga, in ban da ƙalilan, kamar mai lasisin farauta. Mai takardar zaman dindindin yana iya nema, amma laifin bindiga guda ya isa a tasa ƙeyarsa gida. Lasisin Pennsylvania kuwa ba ya aiki a nan.