Dokin Sukuwa Ɗaure a Turke: Raddi ga Masu Tallar Allon Wasan Kwamfuta

A hutun da ya gabata na kai ziyara Sotouboua, garin da ke kan babbar hanyar da ta tashi daga Lome, ta ratsa Sokode, ta nufi Dapaong a arewacin Togo, inda wata ƙanwata take aure. Ɗanta, saurayi mai gyaran wayoyi, ya ja ni ɗakinsa domin in ga allon kwamfutar da ya sayo a Lome da kuɗin da ya shafe kusan shekara yana tarawa. Burinsa shi ne ya shiga gasar wasannin kwamfuta. “Kawu, ai na 240 ne,” in ji shi, yana shafa kwalin. Da na leƙa bayan allon sai na tarar da wayarsa a jone da PlayStation 4, na'urar da ba ta aika hoto fiye da 60 a daƙiƙa. Ke nan kashi uku cikin huɗu na abin da yaron ya biya kuɗinsa bai taɓa gani da idonsa ba. Mai shagon kuwa ya san na'urar da za a jona wa allon, domin an faɗa masa, amma ya yi shiru ya karɓi kuɗi.

Da wannan shirun nake jayayya, da kuma masu bitar kaya a intanet waɗanda suke magana daga ɗakunan Turai da Amurka kamar duniya duka ɗaki guda ce.

Bari mu fara da ma'anar lambar. Abin da ido yake ɗauka a matsayin motsi a kan allo jerin hotuna ne tsayayyu da suke maye gurbin juna da sauri. Yawan lokutan da allo yake sabunta hoto a cikin daƙiƙa ɗaya shi ake aunawa da Hz, ma'aunin da aka raɗa wa sunan masanin kimiyya Bajamushe Heinrich Hertz. Allo mai 60Hz yana riƙe kowane hoto na tsawon milisakan 16.7, milisakan kuwa kashi ɗaya ne cikin dubu na daƙiƙa. Mai 144Hz yana riƙewa na 6.9, mai 240Hz na 4.2, mai 360Hz na 2.8. Mai karatu ya lura da yadda ribar take zaizayewa. Daga 60 zuwa 144 an rage kusan milisakan 10, kuma wannan bambanci ne na gaske da ido da hannu suke ji. Daga 144 zuwa 240 abin da aka rage bai kai milisakan 3 ba. Lambar jikin kwali tana hawa da ɗari-ɗari, amfanin yana sauka da ɗigo-ɗigo, mai talla kuwa ta farkon kawai yake nunawa.

Hasali ma allo ba ya ƙirƙirar hoto. Mai ɗaukar saƙo ne. Na'urar wasa ko katin hoton kwamfuta shi yake zana hotunan, allo ya nuna abin da aka miƙo masa. PlayStation 5 ma iyakarta 120 a daƙiƙa, shi ma a wasannin da aka tsara don haka. Tsohuwar kwamfutar ofis da aka shigo da ita ta hannu, wadda da ƙyar take zana hoto 70 a wasan Counter-Strike 2, ba za ta zama ingarma ba don an ɗaura mata sirdin sarki. Akwai kuma ƙananan tarkuna: tsohuwar wayar haɗi ko ƙofar HDMI ta da can takan kasa ɗaukar cikakken saurin, sannan Windows kan bar sabon allo a kan 60Hz har sai mai shi ya shiga saituna ya canja da hannunsa. Ita kuwa “1ms” da ake mannawa a kwali, sau da yawa an auna ta ne a wani yanayi na musamman da yake ɓata kyan hoto, wanda ba mai yin wasa a cikinsa.

Babbar matsalar ɗan Sotouboua ma ba a ɗakinsa take ba, tana ƙarƙashin teku. Idan gasa ta intanet ce, kowane latsi da ya yi sai ya je ga babbar kwamfutar da take ɗauke da wasan, amsa ta dawo, kuma yawancin waɗannan kwamfutoci da suka fi kusa da shi suna birane irin su Paris da Frankfurt da Landan. Haske a cikin wayar gilashi yana cin kimanin kilomita 200 a milisakan guda. Tsakanin Lome da Paris akwai kimanin kilomita 4,700 a miƙe. Zuwa da dawowa ke nan milisakan 47, ko da an shimfiɗa waya tsaye ta ratsa Sahara. Wayoyin gaske kuwa gaɓar teku suke zagayawa, kamar Equiano ta kamfanin Google da ta iso Lome a watan Maris na 2022 a hanyarta daga Fotugal zuwa Afirka ta Kudu. A ƙara da tafiyar saƙon a kan tudu, kusan kilomita 300 daga Sotouboua zuwa Lome, fiye da 600 daga Dapaong, a ƙara da jinkirin sabis na waya idan da shi ake haɗawa. Wanda yake jiran amsa na gomman milisakan shi ake cewa ya zuba ajiyarsa ta shekara don ya tsira da guda uku. An bar jaki ana dukan taiki.

Na san abin da masu kare waɗannan alluna za su ce: jinkirin intanet daban, laushin motsi a ido daban, kuma mai wasan harbi yana ganin abokin gaba sarai a kan allo mai sauri ko da intanet ɗinsa na jan ƙafa. Gaskiya ne, ban musa ba. Shi ya sa wanda yake da kwamfuta mai ƙarfi, kuma Valorant ko Counter-Strike yake bugawa, nake ce masa ya sayi mai 144Hz ko 165Hz, zai fi kyau idan yana da fasahar FreeSync da take daidaita saurin allo da na katin hoto. Inda na ƙi yarda shi ne a ce masa nasara tana hawa tare da lamba. Kuma nawa ne daga cikin samarin zango suke buga waɗannan wasanni? Abin da na gani a shagunan wasa ƙwallon ƙafa ne da wasannin dambe, a waya kuma Free Fire da PUBG. Wasannin dambe irin su Tekken da Street Fighter an ɗaure su ne a kan hoto 60 a daƙiƙa, domin da shi ake lissafin kowane naushi da kowace kariya.

A nan labarin Arslan Siddique, wanda aka fi sani da Arslan Ash, yake da amfani. Ɗan Lahore ne a Pakistan, ƙasar da ita ma ta san ɗaukewar wuta, kuma a shagunan wasa na garinsu ya goge. A shekarar 2019 ya lashe gasar Evo ta Japan a wasan Tekken 7, ya sake lashe babbar Evo ta Las Vegas a wannan shekarar, ya kayar da gwanayen Koriya da Japan da aka ɗauka ba su kayuwa. Abin da Lahore ta ba shi shi ne abokan karawa masu zafi da yake zama da su kafaɗa da kafaɗa kullum, inda babu teku tsakanin hannu da amsa.

Wannan kuwa yana cikin ikon Sotouboua. Sokode ba ta kai tafiyar kilomita 60 ba. Kuɗin da yake tsakanin allo mai 60 da mai 240 zai iya zama na'urar daidaita wuta da batirin da zai riƙe wasa idan lantarki ya ɗauke, da sabbin abin riƙewa guda biyu, da kuɗin motar zuwa karawa da samarin Sokode a ƙarshen mako. A ranar da na yi a ɗakin yaron sau biyu wuta ta ɗauke ana tsakiyar wasa, ƙurar hunturu kuma ta riga ta toshe kafofin iskar na'urarsa har fankarta tana gurnani.

Ya kira mai shagon a gabana ya nemi a musanya masa da ƙaramin allo a ba shi ciko. Aka amsa masa da cewa kayan da aka buɗe kwalinsa ba ya dawowa.